Takobi a Tsakar Gida: Labaran Almara na Matasa da Amanar Dangi

A cikin shekaru 25 da suka wuce wani nau'in ƙagaggen labari ya mamaye kasuwar littattafan matasa a Amurka da Birtaniya, daga can kuma ya bazu cikin duniya ta hanyar fassara da fina-finai da wayoyin hannu, har ya iso hannun ɗalibai masu karatu da Turanci a biranen ƙasar Hausa. Nau'in shi ne labarin almara na matasa, wato labarin da marubuci yake ƙago masa duniya ta daban mai sarakunanta da dokokinta da sihirinta, sa'an nan ya ɗora nauyin yaƙin wannan duniya a wuyan yaro ko yarinya da ba su wuce shekara 16 ko 17 ba. Kusan duk wanda ya yi fice a cikinsu tukunyarsa tana kan murhu ne mai duwatsu uku: yaƙi tsakanin masu mulki da waɗanda aka danne, gaba tsakanin waɗanda suka tashi gida ɗaya ko makaranta ɗaya, da amanar dangi, wadda takan tilasta wa jarumin labarin ya zaɓa tsakanin jininsa da gaskiya. Iyaye suna zargin littattafan da koya wa yara bijire wa na gaba, masu tarbiyya suna zarginsu da ƙawata zubar da jini, malaman addini suna ƙyamar sihirin da ke cikinsu, masu nazarin adabi kuma suna ganinsu hajar kasuwa ce kawai. Matsayin wannan sharhi shi ne cewa sun cancanci karatu, kuma mafi yawan tuhumar da ake yi musu ta faɗa ne inda ba su da laifi, ta bar inda laifin yake. Ma'aunin da ya kamata a ɗora kowannensu a kai ɗaya ne: idan jarumi ya juya wa nasa baya saboda gaskiya, ko ya juya wa gaskiya baya saboda nasa, me abin ya ci masa, kuma shin marubucin ya bar shi ya ɗanɗana, ko kuwa ya sassauta masa don kada ran mai karatu ya ɓaci?

Idan masu buga littattafai a Amurka suka ce matasa, 'yan shekara 12 zuwa 18 suke nufi, amma binciken kasuwa da kamfanin Bowker ya fitar a 2012 ya nuna cewa kashi 55 cikin 100 na masu sayen littattafan da ke ɗauke da wannan laƙabi sun kai shekara 18 ko sun haura, rukuni mafi girma a cikinsu ma 'yan tsakanin 30 da 44 ne. Jerin Harry Potter na J.K. Rowling, wanda ya fito tsakanin 1997 da 2007, shi ya nuna wa kamfanoni irin dukiyar da ke kwance a wannan fage, sai The Hunger Games na Suzanne Collins ya zo a 2008 ya jawo yaƙi da kisa zuwa tsakiyar labari, ko da yake shi duniyarsa ta gobe ce da aka gina a kan kimiyya da mulkin kama-karya, babu sihiri a cikinta. Daga baya 'ya'yan waɗanda suka ƙaura zuwa Amurka daga Afirka da Asiya suka shigo da tatsuniyoyin kakanninsu, irin su Sabaa Tahir 'yar asalin Pakistan a 2015, da Tomi Adeyemi, wadda iyayenta Yarbawan Nijeriya ne, a 2018, da Jordan Ifueko a 2020. Nnedi Okorafor ta riga su, domin tun a 2007 ta fitar da The Shadow Speaker, wanda ta ajiye labarinsa a ƙasar Nijar ta shekarar 2070, jarumarsa kuma yarinya ce Musulma da aka sare kan ubanta, azzalumin shugaban garinsu, a gaban idonta.

Littafin Adeyemi, Children of Blood and Bone, shi ya fi dacewa a tsaya a kansa, saboda ya fi kusa da mai karatu na Nijeriya. An haifi marubuciyar a Amurka a 1993, ta yi karatun adabi a Jami'ar Harvard, ta kuma je birnin Salvador na Burazil nazarin al'adun Afirka ta Yamma, inda ta ci karo da zanen allolin gargajiyar Yarbawa waɗanda ake kira orisha. Littafin ya fito a watan Maris na 2018, ya haura shafi 500, ya hau saman jerin littattafan matasa mafi kasuwa na jaridar New York Times tun makonsa na farko, kamfanin Paramount kuma ya ɗauki aikin mayar da shi fim. Ƙasar labarin sunanta Orïsha, sarkinta Saran, wanda shekara 11 kafin buɗewar labarin ya sa aka karkashe maji, wato masu baiwar sihiri, ya bar 'ya'yansu masu farin gashi cikin ƙasƙanci da haraji mai nauyi da aikin bauta ga wanda ya kasa biya. Zélie, babbar jarumar, tana ƙaramar yarinya aka rataye uwarta da sarƙa a kan itace. Wannan ɓangare a miƙe yake, domin wanda aka kashe wa uwa ba ya bukatar dogon tunani kafin ya san inda zai tsaya. Inda littafin ya yi nauyi shi ne cikin gidan sarkin kansa.

Saran yana da 'ya'ya biyu, Inan mai jiran gado da ƙanwarsa Amari, kuma tun suna ƙanana yake sa su fafata da takubba na gaske a gabansa don ya cire musu tausayi, har wata rana takobin Inan ya tsaga bayan Amari ya bar mata tabon da take ɓoyewa ƙarƙashin tufafin gimbiya. Ranar da ta leƙa ta ga ubanta ya soke Binta, baiwarta kuma aminiyarta tilo a fadar, saboda wata tsohuwar takarda ta farkar da sihirin da ke jikin yarinyar, sai ta sace takardar ta gudu, aka kuwa tura yayanta ya kamo ta. A hanya Inan ya tarar da farin gashi ya tsiro masa a ka, alamar cewa abin da aka raine shi a kan ƙi yana cikin jininsa, ya dinga rufe shi da kwalkwali yana danne baiwar har tana sa shi ciwo. Baiwar tasa ta shiga zukatan mutane ce, saboda haka ya ji zafin abin da aka yi wa Zélie kamar a jikinsa, ya koma ɓangarenta. Amma da ya ga wani maji ya ƙone sojoji da wuta cikin ƙiftawa da bismillah, sai tsoron da uban ya shuka masa ya dawo, ya sake juyawa. Masu karatu da yawa sun tsani Inan saboda wannan kai-komo. Sun yi masa rashin adalci, domin shi kaɗai ne a littafin yake ɗauke da hujjar ɓangarorin biyu a ƙirjinsa: ya san ubansa azzalumi ne, ya kuma san maji ne suka hallaka matar uban ta fari da 'ya'yanta, wato tsoron Saran yana da tushe. Wane saurayi ne zai tsaya cak tsakanin waɗannan biyu bai karkata ba? Ladan biyayyarsa shi ne uban ya soke shi da hannunsa ranar da ya ga sihiri a jikinsa, Amari kuma ta kashe uban.

A nan tuhuma ta farko take samun gindin zama. Masu ita suna cewa littafin da 'ya take kashe ubanta a ƙarshensa, a kuma tafa mata, ba abin da zai koya wa yaro sai raina na gaba, alhali Bahaushe ya ce bin na gaba bin Allah ne, ya kuma ce hannunka ba ya ruɓewa ka yanke ka yar. Ba za a ture wannan da cewa ai labari ne kawai ba, domin labari yana shiga inda wa'azi ba ya shiga. Sai dai al'adar da ta yi waɗannan karin magana ba ta taɓa cewa biyayya ba ta da iyaka ba. Alƙur'ani a Suratun Nisa'i ya umarci muminai da tsayawa kan adalci ko da shaidar za ta faɗa a kansu ko kan iyayensu da danginsu, a Suratu Luƙman ya hana bin iyaye zuwa ga shirka tare da wajabta kyautata musu, hadisi sananne kuma ya bayyana taimakon ɗan'uwa azzalumi da cewa hana shi zaluncin ne. Ƙissar Annabi Ibrahim da ubansa, da ta Annabi Yusuf da 'yan'uwansa da suka jefa shi rijiya, duk yaro ya ji su tun yana Islamiyya. Saboda haka tambayar da ke gaban Amari tsohuwa ce a ƙasar Hausa, amsar tata ce baƙuwa, domin a waɗancan ƙissoshi an ƙi bin ɓata ba tare da an zare wa uba takobi ba, Annabi Yusuf kuma yafewa ya yi ranar da yake da ikon ramuwa.

Laifin Adeyemi a wannan wuri na sana'a ne. Ta yi ta ƙara wa Saran mugunta, har ya kai ga zana kalmar zagi da wuƙa a bayan Zélie, ta yadda lokacin da takobin Amari ya same shi babu sauran uba a jikinsa, dodo ne kawai ya rage, kashe dodo kuwa ba ya sa kowa kuka. Marubucin da ya mayar da uba dodo ya sauƙaƙa wa kansa aiki, ya kuma cuci mai karatu, domin a rayuwa uban da yake kan ɓata shi ne dai wanda ya biya kuɗin makaranta, ya kwana a asibiti ranar da yaron ba shi da lafiya. Holly Black ta fi ta ƙwarewa a nan. A cikin The Cruel Prince, wanda shi ma ya fito a 2018, Madoc, babban kwamandan yaƙi na wata ƙasar halittu irin aljanu, ya kashe iyayen Jude, jarumar littafin, a gabanta tana shekara 7, sa'an nan ya ɗauke ta da tagwainiyarta ya raine su a gidansa kamar 'ya'yan cikinsa, ya koya mata takobi da dabarun yaƙi, ya tsaya mata a fadar da ake raina bil'adama. Jude tana ƙaunarsa, tana tsoronsa, tana kuma ƙullace da shi, kuma ranar da ta ɓata masa shirin kama mulki da dabarunsa ta yi, don ta tsare ƙaramin ƙanenta na riƙo daga zama sarkin da Madoc zai riƙa juyawa. Haka nan a Raybearer na Ifueko, uwar Tarisai, jarumar littafin, ta ɗaure ta da umarnin sihiri cewa ta kashe yarima mai jiran gado bayan ya amince da ita, amma daga baya ya bayyana cewa uwar jinin sarauta ce da aka kora daga fada saboda mace ce mai baiwar da aka keɓe wa maza. Yarinyar da ta ƙi bin irin wannan uwa ta ƙi bin wadda aka zalunta ne, kuma ta san haka. Irin waɗannan littattafai suna nuna wa yaro tsadar saɓa wa na gaba ko da yana kan gaskiya, wanda shi ne ainihin abin da iyayen da ke ƙorafi suke so ya sani.

Tuhuma ta biyu ita ce ta zubar da jini. A watan Yuni na 2011 Meghan Cox Gurdon ta rubuta a jaridar Wall Street Journal cewa littattafan matasa sun cika da duhu da ta'asa har suna iya sa yaro ya daina ganin munin mummunan abu, marubuci Sherman Alexie kuma ya mayar mata da martani cewa yaran da yake rubutawa dominsu sun riga sun ga abin da ya fi haka a gidajensu. Kowannensu yana da tasa gaskiyar, amma dukansu sun tsaya ne kan yawan jinin, alhali abin dubawa shi ne jinin wa aka zubar. Katniss, jarumar The Hunger Games, ta shiga gasar kisa mai yara 24 don kawai ta fanshi ƙanwarta Prim 'yar shekara 12 da ƙuri'a ta faɗa kanta. Aka yi littafi uku ana gwagwarmaya, a na ƙarshe, Mockingjay na 2010, bam ya kashe Prim ɗin tana jinyar waɗanda suka ji rauni, alamu kuma suka nuna bam ɗin na 'yan tawaye ne, ƙirarsa ma irin wadda aminin Katniss na ƙuruciya ya taimaka aka tsara. An ci yaƙi, an rasa wadda aka shiga yaƙin dominta. Collins, wadda ubanta hafsan sojan sama ne da ya je yaƙin Biyetnam, ta ce labarin ya zo mata ne tana sauya tashar talabijin tsakanin wasannin gasa da hotunan yaƙin Iraƙi, kuma da wuya wanda ya rufe littafi na uku ya tashi da sha'awar fagen daga. Sabaa Tahir, wadda ta yi aikin tace labaran ƙasashen waje a jaridar Washington Post, ta bayyana cewa rahoto kan matan Kashmir da aka kwashe musu maza da 'yan'uwa ba a sake jin ɗuriyarsu ba shi ya haifi An Ember in the Ashes, inda Laia ta yarda ta zama baiwa a makarantar sojojin daular da ta ci ƙasarsu don ta ceto yayanta Darin. A littafi na biyu, Helene, wadda ta zaɓi amanar daula, sarkin da take yi wa hidima ya yanka ubanta da uwarta da 'yar'uwarta a gabanta. Babu ɓangaren da Tahir ta bari ya tsira da nasa.

Duk da haka akwai abin da masu kare waɗannan littattafai suke tsallakewa. Jaruman nan yara ne masu ɗauke da makami, duniya kuwa ta yanke hukunci a kan wannan: Yarjejeniyar Rum ta 1998 ta sa ɗaukar yaron da bai kai shekara 15 ba aikin soja cikin laifukan yaƙi, hukuncin farko da Kotun Hukunta Manyan Laifuka ta Duniya ta yanke a 2012 kuma a kan Thomas Lubanga na Kwango ne, saboda wannan laifi. Ga yaron da ke karatu a unguwar da ba a taɓa jin ƙarar bindiga ba, yarinya mai takobi abar burgewa ce. Ga wanda ya tashi a Borno ko Zamfara, inda aka ga yara riƙe da bindiga ido da ido, maganar ta wuce wasa, bakin rijiya kuwa ba wurin wasan makaho ba ne. Littafin da 'yar shekara 16 take karkashe mutane da rana, da dare kuma ba abin da ke hana ta barci sai tunanin wanne za ta so cikin samari biyu, shi ya cancanci tuhumar Gurdon, kuma irinsa ba su da wuyar samu a kasuwa. Manyan garin suna ina da har aka bar wa yara yaƙi? Littafin kirki yana amsa wannan, ya nuna manyan da suka mutu ko suka tsorata ko suke amfani da yaran, kamar yadda shugabar 'yan tawaye ta yi da Katniss. Na banza kuwa share manyan yake yi don kada su hana ruwa gudu.

Tuhumar sihiri ba ta bukatar doguwar tsayawa, ko da yake ita ta fi ƙara. Ƙagaggen labarin Hausa da aljanu ya fara: a gasar rubutu ta 1933 da Rupert East ya shirya, Ganɗoki na Muhammadu Bello Kagara ya kai jaruminsa ƙasar aljanu bayan ya gwabza da Turawa, Ruwan Bagaja na Abubakar Imam kuma labarin wanda ya bar Kwantagora ne neman ruwan magani don ya wanke limamin da ya raine shi daga wulaƙancin sarki, yana tafe yana fafatawa da abokin gabarsa Malam Zurƙe. An karantar da su a makarantu shekara da shekaru, ba a ji sun raba kowa da salla ba. Bambanci ɗaya ya kamata a yarda da shi, shi ne cewa orishan da Adeyemi ta gina sihirinta a kansu abin bauta ne ga mutane rayayyu a ƙasar Yarbawa da Burazil da Kuba, jarumarta kuma roƙonsu take yi, saboda haka uban da ya ce ɗansa ɗan shekara 12 ya dakata har ya iya rarrabe labari da aƙida bai yi wauta ba. Wannan hukunci ne na shekaru da na gida, mai ɗaki shi ya san inda yake masa yoyo, amma bai zama hujjar haramta nau'in gaba ɗaya ba.

Masu nazarin adabi su suka fi kusa da gaskiya, sai dai su ma sun ɗan kauce. Ruth Graham ta rubuta a mujallar Slate a 2014 cewa ya kamata babba ya ji kunyar karanta littafin yara, saboda irin waɗannan labarai suna ƙarewa ne yadda zuciya take so. Mutuwar Prim kaɗai ta isa ta hana wannan zama ƙa'ida. Abin da kasuwa ta ɓata a zahiri shi ne zumuncin kansa, domin soyayya ta fi 'yan'uwantaka sayuwa, sai ya zama ɗan'uwa shi ke buɗe labari, saurayi kuma shi ke cinye shi. A littafin farko na Adeyemi mutum uku ne suke ba da labari da bakinsu, Zélie da Amari da Inan. Tzain, yayan Zélie, wanda ya bar komai ya bi ta, ya yi ta kwasar wahalar kurakuranta, ba a ba shi baki ba, alhali an ware shafuffuka masu yawa ga soyayyar da ta ɓarke cikin 'yan kwanaki tsakanin Zélie da yariman da sojojinsa suka ƙone garinsu. Wace budurwa ce za a ƙone mata gari yau, kafin wata ya zagayo ta faɗa son shugaban waɗanda suka sa wutar?

Babban aibin, wanda masu tuhumar nan ba su cika ambata ba, shi ne gadon baiwa ta jini. Adeyemi ta bayyana a ƙarshen littafinta cewa kisan da 'yan sanda ke yi wa baƙaƙen fata marasa makami a Amurka ne ya tunzura ta rubuta shi, wato littafi ne na yaƙi da fifita wani jinsi a kan wani. Amma a cikinsa haifar mutum ake yi da baiwa ko babu, farin gashi shi ne shaida, wanda aka haifa babu kuwa ba karatu ko ƙwazon da zai ba shi. Waɗanda aka danne sun cancanci ceto ne saboda an zalunce su, ko saboda jininsu ya fi? Idan na biyun ne, to an karɓi hujjar Saran ke nan an juya ta kawai. Harry Potter ma yana da wannan ciwo, yana la'antar masu alfahari da tsarkin jini alhali sihirinsa haihuwa ake yi da shi, Tarisai kuma ƙarshenta jinin sarauta ce. A yi wa Adeyemi adalci, ta hango ramin, domin a littafi na biyu, Children of Virtue and Vengeance na 2019, sihirin da ya dawo ya farka har a jikin 'ya'yan fada masu kakanni maji, ya zama makami a hannun ɓangarorin biyu, Amari kuma, wadda ta kashe ubanta don ta kawo ƙarshen zalunci, ta kai ga yanke shawarar sadaukar da mutanen ƙauye guda don ta ci yaƙi, da muryar uban a kunnenta. Barewa ba ta gudu ɗanta ya yi rarrafe. Masu karatu da yawa sun fi son littafi na farko, amma na biyun ya fi shi gaskiya.

Saura ƙarancin dangin kansa, wanda mai karatu Bahaushe zai lura da shi tun bai kai rabin littafi ba. Orïsha tana da Legas da Ilori da Sakkwato da Gombe da Jimeta, ko da yake an kai Ilori da Jimeta bakin teku, abin da ya sa wasu masu karatu a Nijeriya murmushi, wasu kuma fushi. Amma gidan da ke cikinta gidan Amurka ne, uba da uwa da 'ya'ya biyu, babu kishiya, babu baffa ko gwaggo da za a kai wa ƙara, babu kakar da za a gudu wurinta. Sarkin ƙasa sukutum da ɗa namiji ɗaya tak! Amana a irin wannan gida zaɓi biyu ce, ko a riƙe ko a saki. A gida mai ɗakuna huɗu kuwa, inda 'yan'ubanci, wato gasar da ke tsakanin 'ya'yan mutum ɗaya da ɗakunansu suka bambanta, yake tafiya kafaɗa da kafaɗa da zumunci, mutum yakan ci amanar wani nasa ne ta hanyar riƙe amanar wani nasa. Tarihin Kano ya nuna inda wannan kan kai. Bayan rasuwar Sarki Muhammadu Bello a 1893, Sarkin Musulmi Abdurrahman ya naɗa Tukur ɗan marigayin, 'ya'yan Sarki Abdullahi Maje Karofi ƙarƙashin Yusufu suka ƙi suka fice zuwa Takai, Yusufu ya rasu, Aliyu Babba ya karɓi ragama ya shiga birni a 1894, aka kashe Tukur a 1895, alhali shugabannin Tukurawa da na Yusufawa duk jikokin Ibrahim Dabo ne.

Hausa tana da nata littattafan yaƙi, waɗanda marubuta irin su Abdulaziz Sani Madakin Gini suka shahara da su, kuma matasa sun karanta su da zumuɗin da takwarorinsu na Amurka suke karanta Collins. Sai dai a yawancinsu maƙiyi daga waje yake zuwa, kafirin sarki ne ko hatsabibin boka ko ifiritu, fagen kuma wani birni ne mai nisa mai suna irin na Larabawa, saboda haka jarumi yakan sare dubu bai taɓa sare wanda ya sani ba. Ke nan marubutan Amurka suna da tambayar amma gidansu ya yi mata kaɗan, marubutan Hausa suna da gidan amma sun fi kai yaƙinsu ƙasar aljanu. Wanda zai ɗauki saurayi ɗan shekara 16 ya tsayar da shi kan ganuwar Kano a 1894, uwarsa 'yar gidan Tukur, ubansa yana cikin rundunar da ta taso daga Takai, 'yan'ubansa sun rabu gida biyu, an kuma damƙa masa tsaron ƙofa, ba ya bukatar ya mayar da kowa dodo, ko da ya cika labarin da aljanu da layu da tsimi gwargwadon yadda yake so.